Kwalekwalen da Ake Naɗewa a Jaka

Kafin talabijin ta shiga kowane gida, a sinima Bajamushe yake kallon labaran mako kafin a fara fim. A Jamus ta Yamma akwai Neue Deutsche Wochenschau tun 1950, a Jamus ta Gabas kuma Der Augenzeuge na kamfanin DEFA tun 1946. Da zafi ya shigo, sai masu kyamara su nufi bakin ruwa: yara na iyo a tafkin Wannsee na Berlin, jiragen filafili na tsere a Kiel, matasa na tuƙa kwalekwale a koguna.

A ganina ba son wasa kaɗai ya kai su can ba. A lokacin birane cike suke da kangayen yaƙi, duk inda ka juya kyamara sai ka ɗauko ɓaraguzai. Ruwa kuwa bom bai bar masa tabo ba.

Abin hawan talaka a kan ruwa a wancan zamani shi ne kwalekwale mai naɗewa, irin wanda kamfanin Klepper na Rosenheim yake ƙerawa tun 1907. Firam ɗin katako ne da rigar roba da zane. A kwance shi, a cusa a jaka, a hau jirgin ƙasa da shi, ba sai kana da mota ba. Kada a raina shi: a 1956 likita Hannes Lindemann ya shiga irinsa daga tsibiran Kanari, ya tsallake Atilantika cikin kwana 72. Masu son kallon ƙarƙashin teku kuma sun samu Hans Hass, ɗan Ostiriya, wanda fim ɗinsa na Bahar Maliya, da ya ɗauka a gaɓar Sudan, ya ci kyauta a Venice a 1951.

A Gabas labarin ya ɗan bambanta. A 1968 DEFA ta fitar da Heißer Sommer, fim na waƙe-waƙe kan samari da 'yan mata da suka tafi hutu bakin tekun Baltik. Ya yi farin jini ƙwarai. Sai dai bai nuna fitilun sintiri da ke haska wannan gaɓa da dare ba. Tekun nan iyaka ce a lokacin, kuma bayan gina katangar Berlin a 1961 aka tsananta tsaronta. Irin wannan kwalekwale na hutun Lahadi wasu suka riƙa haɗawa a ɓoye, su nufi Danmak cikin duhu. Wasu jirgin fitilar Gedser na Danmak ya tsamo su. Wasu gawarsu ce ta isa gaɓa.