Kuɗi na fita daga katin banki ba da sanin mai shi ba: yadda ake tsayar da abonema da neman a mayar da kuɗi

Abonema ba baƙon abu ba ne a wurinmu. Duk mai Canal+ a gida ya san yadda take: wata ya ƙare, in ka je ka biya hoto ya dawo, in ba ka biya ba a yanke, kowa ya kama gabansa. Kuɗi na hannunka, kai ke kai su da ƙafarka. To amma akwai wani irin abonema da ya shigo mana tare da katin banki da sayayya ta intanet, wanda ke tafiya a juye. A nan kamfanin ne ke zuwa ya ɗiba da kansa, wata bayan wata, har ranar da ka ce masa ya tsaya. In ka yi shiru, a wurinsu ka yarda ke nan.

Wannan magana ta shafe mu ƴan kasuwa fiye da kowa, domin mu ne muka fi neman katin Visa ko Mastercard. Alhajin da ke sarin kaya a Dubai ko Gwanju, Hajiyar da ke kawo atamfa da leshi daga Lome ko Kwatano tana tallarsu a Facebook, matashin da ke sayar da salula a kasuwar Dole ta Damagaram ko Katako ta Yamai, duk sun saba sa lambar kati a waya. Kuma a lura da wani bambanci. A Amurka mutane da yawa katin bashi gare su, wato kuɗin banki ake kashewa, kuma wata doka ta shekarar 1974 ta ba mai kati kwana 60 ya yi jayayya a rubuce a kan abin da bai yarda da shi ba. Mu nan akasarin katunanmu a haɗe suke da asusu, ko kuma irin waɗanda ake zuba wa kuɗi ne tukuna a yi amfani da su. Ke nan duk abin da aka cire, daga cikin jari ya fita, nan take.

Ta ina ɓarnar ke shigowa? Babbar ƙofa ita ce abin da suke kira gwaji kyauta. A ce maka ka yi amfani da wata manhaja ta gyaran hoto, ko ta kallon fim, ko ta fassara Sinanci, kwana bakwai ba ko dala, amma sai ka sa lambar katinka. Kwana bakwai na cika, gwaji ya koma abonema. Wata ƙofar kuma yara ne: uwa ta ba ɗanta waya ya yi wasa alhali katinta na ajiye a cikin Google Play, yaro ya danna abin da bai san ma'anarsa ba. Akwai kuma tallar Facebook da aka kunna ba a sa mata ranar ƙarewa ba, tana ta ci kullum ko da kayan da ake talla sun daɗe da ƙarewa a shago.

Mutane da yawa na mamaki, suna cewa ai banki na aiko da lambar sirri ta saƙon waya kafin a cire kuɗi, yaya aka yi wannan karon ba a aiko ba? Amsar ita ce, lambar nan a biyan farko ake neman ta. Da ka shigar da ita ka ba kamfanin izini, sauran watannin shi ke tayar da biyan daga can, ba sai an sake tambayarka ba.

Kuɗin kuma ƙanana ne da gangan, yadda ba za su tayar da hankali ba. Mu ɗauki yuro 9,99 a wata. Tun da yuro ɗaya sefa 655,957 ne, wannan ya kama sefa 6.553, a shekara kusan jaka 79, ban da ladan da banki kan ɗora a kan biyan waje. Mai sayar da tumatir da albasa ta san kwana nawa za ta zauna a rana kafin ta ga ribar jaka 79. Kada kuma wani ya ɗauka rashin boko ne ke jawo wannan. A Amurka kanta, hukumar kare masu saye ta FTC ta kai kamfanin Amazon kotu a shekarar 2023 bisa zargin yana shigar da mutane abonemar Prime ta hanyar ruɗu tare da wahalar da masu son fita, kuma a watan Satumba na 2025 kamfanin ya amince ya biya dala biliyan 2,5 ta Amurka, biliyan 1,5 daga ciki domin a mayar wa mutane.

Idan abin ya faru, aikin farko shi ne a san wa ya ɗauka. A je ajans a nemi takardar shige da ficen asusu, wadda ake kira releve, ta wata uku ko fiye, a duba adadin da ke dawowa a rana ɗaya kowane wata. Sunan da ke jikin takardar ba lalle ya zama sunan manhajar ba. Abin da ya bi ta Apple yakan fito da rubutun apple.com/bill, na Google kuma yakan fara da GOOGLE da alamar tauraro. Wanda ba ya karanta Faransanci ya tafi da ɗansa ko yaron shagonsa da ya yarda da shi, amma lambar sirrin kati ta tsaya a wurinsa shi kaɗai.

Sai a tsayar da abonemar a inda aka ƙulla ta. A nan ne mutane suka fi faɗawa rami: goge manhaja daga waya ba ya tsayar da biya. Ko ka sayar da wayar, ko ta faɗa rijiya, yarjejeniyar na nan da ranta. Dole a shiga cikin asusun Google Play ko na Apple, ko shafin kamfanin, a nemi wurin abonema a soke, a bi har ƙarshe, domin sukan jera tambayoyi da tayin ragi don mutum ya gaji ya bari. In an gama a ɗauki hoton allon wayar da ke nuna an soke, da ranar, a kuma adana saƙon da suka aiko. Wannan hoton shi ne resinka. Ba ɗan kasuwar da zai biya kuɗin kaya a duwan ya tafi ba takarda, to nan ma haka ne.

Daga nan a nemi kamfanin ya mayar da kuɗin, kuma a yi da wuri. A Google Play, wanda ya nema cikin awa 48 ya fi samun sauƙi. Apple ma na da shafin neman a mayar da kuɗi, kuma shi da kansa yana shawartar mai gwajin kyauta ya soke aƙalla awa 24 kafin wa'adi ya cika. Kamfanoni da dama sukan mayar da kuɗin watan ƙarshe ba gardama, saboda jayayya ta hanyar banki ta fi yi musu tsada.

In kamfani ya ƙi, ko ya ci gaba da cira bayan an soke, sai banki. Visa da Mastercard na da tsarin da bankin mai kati ke bi ya janyo kuɗi daga bankin mai sayarwa, kuma cirar kuɗi bayan an soke abonema na cikin dalilan da aka amince da su a rubuce. Wa'adin a mafi yawan irin wannan ƙorafi kwana 120 ne daga ranar cirar, don haka wanda ya bari sai ya dawo daga tafiya ko sai bayan salla yana iya tarar da ƙofa a rufe. Tun watan Afrilu na 2020 kuma Visa ta wajabta wa masu gwajin kyauta su tunatar da mai kati kafin su fara cira, su kuma ba shi hanya mai sauƙi ta sokewa ta intanet. In ba su yi ba, hujja ce a hannunka.

Shawararmu a nan, kada a tsaya ga maganar baki a gishe. A rubuta takardar ƙorafi kwafi biyu, a sa rana da adadin kowace cira da sunan da ya fito a releve, a haɗa da hoton sokewa, a sa ma'aikacin ya buga hatimi da kwanan wata a kwafin da za ka riƙe. Kuma a faɗi abin da ya faru yadda ya faru. Wanda ya sa katinsa da hannunsa a gwajin kyauta, sannan ya ce wa banki ɓarayi ne suka sace lambarsa, ya kashe maganarsa da kansa, domin kamfanin zai fito da ranar da ya yi rajista da lambar sirrin da ya shigar. "Ban taɓa sanin wannan kamfani ba" magana ce daban, "na soke amma sun ci gaba" ita ma daban, kowace da hanyar da banki ke bi da ita. Ta farkon ce ke buƙatar a yi opozisiyo, wato a toshe katin nan take a sake wani.

Idan bankin ya yi shiru ko amsarsa ba ta gamsar ba, magana ba ta ƙare ba. Hukumar sa ido kan bankuna ta ƙasashen UMOA, mai mazauni a Abijan, ta fitar da umarni a shekarar 2020 da ya tilasta wa bankuna su tanadi hanyar karɓar ƙorafin abokan hulɗa su kuma ba da amsa, sannan wanda bai gamsu ba yana iya kai kukansa gare ta. Kwafin nan mai hatimi shi za a fara tambaya.

Wasu kan ce ai da sauƙi, sai in kwashe kuɗin katin in bar shi fanko. Wannan na hana cira na ɗan lokaci, amma bai warware yarjejeniya ba, kuma ranar da aka zuba kuɗin sari kamfanin na iya sake gwadawa ya samu. Akwai ma abonemar shekara da ake biya wata-wata, wadda mai fita kafin lokaci ke biyan tara. A kan irin wannan ne hukumomin Amurka suka kai kamfanin Adobe ƙara a 2024, inda tarar ta kai rabin kuɗin watannin da suka rage. Saboda haka kafin a danna, a duba ko an rubuta wata ko shekara.

Abin da muka ga ya fi dacewa da mai jari shi ne raba kati biyu: na sari daban, wanda lambarsa ba ta shiga kowace manhaja, da ƙaramin kati na zubi wanda ba a sa masa fiye da abin da za a kashe a intanet a wannan makon. A kuma nemi banki ya kunna saƙon waya na kowace cira, a tambaya ko ana iya rufe biyan intanet a katin sari a buɗe shi sai ranar da za a biya mai kaya.