Janar T.Y. Ɗanjuma: Soja, attajirin man fetur, mai kyautar miliyoyi

A wannan yanki namu ba kasafai ake samun mutum ɗaya da ya yi suna a fagen yaƙi, ya tara dukiya mai ɗimbin yawa, sannan ya buɗe bakin aljihunsa ga mabuƙata ba. Janar Theophilus Yakubu Ɗanjuma mai ritaya na Najeriya yana cikin 'yan ƙalilan ɗin. Mun ga ya dace mu waiwayi tarihinsa ne saboda abubuwa biyu da suka ratsa rayuwarsa, wato man fetur da 'yan gudun hijirar Boko Haram, su ne kuma suka fi shafar jama'ar jihar Difa tun daga 2011.

An haifi Ɗanjuma, wanda Bajukune ne, a garin Takum da ke jihar Taraba ta yanzu a ƙarshen shekarun 1930. Ya yi firamare a Wusasa kusa da Zariya, da sakandare a Katsina-Ala, ya shiga aikin soja a 1960, ya kuma je aikin kiyaye zaman lafiya na Majalisar Ɗinkin Duniya a Kwango. Sunansa ya fara fitowa ne a juyin mulkin watan Yuli na 1966, lokacin da yana cikin hafsoshin da suka kama shugaban ƙasa Janar Aguiyi-Ironsi a Ibadan, wanda daga baya aka kashe shi tare da mai masaukinsa Laftanar Kanar Fajuyi. Har gobe wannan lamari yana cikin abubuwan da masu sukarsa ke ambata. Da yaƙin basasa ya ɓarke a 1967, yana cikin kwamandojin da suka ƙwace Inugu, hedikwatar Biyafara, a watan Oktoba na shekarar. Ya zama hafsan hafsoshin sojan ƙasa a 1975 a zamanin Janar Murtala Muhammad, ya ci gaba a ƙarƙashin Janar Obasanjo, har suka miƙa mulki ga Alhaji Shehu Shagari a 1979.

Da ya tuɓe kaki sai ya shiga harkar sufurin teku. Ya kafa kamfanin Nigeria America Line a 1979, inda ya fara da jirgin haya guda ɗaya mai suna Hannatu da ke zirga-zirga tsakanin Legas da Barazil, a 1984 kuma ya ƙara da kamfanin Comet. To amma babbar dukiyar daga ƙarƙashin teku ta fito. A 1998 gwamnatin Janar Sani Abacha ta ba kamfaninsa na SAPETRO izinin neman mai a wani fili mai lamba OPL 246, a 2000 aka gano mai a wurin, a 2006 kuma kamfanin CNOOC na gwamnatin Sin ya sayi kashi 45 cikin 100 a kan sama da dala biliyan 2. A tsakanin nan ya riƙe muƙamin ministan tsaro daga 1999 zuwa 2003. Shi da bakinsa ya faɗa a 2010 cewa bayan biyan haraji da sauran ɗawainiya, dala miliyan 500 suka rage a hannunsa.

Daga wannan kuɗi ne ya ware dala miliyan 100 ga Gidauniyar T.Y. Ɗanjuma, wadda ta fara aiki a 2009, ta fi mayar da hankali ga kiwon lafiya da ilimi. Ta tallafa wa aikin ido kyauta da yaƙi da makantar da ƙudan bakin kogi ke haddasawa, an kuma gina asibitin haihuwa a Takum da sunan mahaifiyarsa Rufkatu. A watan Yuli na 2014 shugaba Jonathan ya naɗa shi shugaban asusun tallafa wa waɗanda rikicin Boko Haram ya shafa. A daren ƙaddamarwa an yi alƙawarin sama da naira biliyan 50, shi kansa ya sa dala miliyan 10, amma daga baya ya fito fili ya koka cewa da yawa ba su cika alƙawari ba. A 2016 shugaba Buhari ya ƙara ba shi shugabancin kwamitin farfaɗo da arewa maso gabas.

Idan mai karatu bai manta ba, a daidai wannan lokaci ne garuruwan Malam Fatori da Damasak suka faɗa hannun 'yan Boko Haram a watan Nuwamba na 2014, dubban mutane suka tsallako kogin Komadugu. Aikin wancan asusu a cikin jihohin Najeriya yake. Waɗanda suka tari baƙin a wannan gaɓa kuwa manoman tattasai ne da masunta da 'yan kasuwar Difa da Bosso da Maine-Sorowa, domin galibin 'yan gudun hijirar a gidajen mutane da gefen garuruwa suka sauka, kaɗan ne suka tafi sansanin Sayam. Bayan harin 6 ga Fabrairu 2015 aka kafa dokar ta-ɓaci, aka hana hawa babur da fataucin tattasai da bandar kifi, mai masauki ya koma abin tausayi kamar baƙonsa. Waɗanda suka rasa matsuguni a jihar sun haura dubu 200. Wannan ma kyauta ce, ko da yake ba ta da ofis ko allon suna.

Sai batun mai. Tun watan Nuwamba na 2011 ake tace man Agadem a matatar SORAZ ta Damagaram, a 2024 kuma aka fara fitar da shi ta bututu mai tsawon kusan kilomita 2,000 zuwa gaɓar teku a Benin. A nan ma kamfanin gwamnatin Sin ne, wato CNPC. Dokar man fetur ta 2007 ta tanadi kashi 15 cikin 100 na wasu kuɗaɗen mai ga ƙananan hukumomin yankin da ake haƙarsa, kuma jama'ar Difa sun sha kokawa kan jinkirin biyan wannan kaso.

Ba mu raina abin da Janar Ɗanjuma ya yi ba, domin attajirai da yawa sun samu irin wannan dama ba su ba kowa ko sisi ba, kuma yaba kyauta tukuici. Sai dai tarihinsa ya nuna mana cewa sa hannun shugaba guda na iya mayar da arzikin ƙasa na mutum ɗaya, daga nan talaka ya zauna jiran abin da zuciyar mai shi ta ga dama. Kaso 15 ɗin nan haƙƙi ne da doka ta rubuta, don haka ya kamata shugabannin ƙananan hukumomi da sarakuna da ƙungiyoyin farar hula na Difa su riƙa tambayar nawa ya shigo, me aka yi da shi, su kuma bayyana wa jama'a amsar. Allah ya zaunar da ƙasashenmu lafiya, amin.