Idan bashi ya fi ƙarfinka, ga abin da kotu za ta iya yi maka

Daga Karkarna zuwa Roni da Gwiwa, ba wuya ka samu magidancin da ya ci bashin taki ko na jari, damina ta ƙi, riɗi bai yi auki ba, lokacin biya kuma ya yi. Bashi hanji ne, yana cikin kowa. Abin da ke damuna shi ne yadda mutanenmu ke jin kalmar sammaci sai gabansu ya faɗi, wani har ya tsallake ya bar gida, alhali sau da yawa gaban alƙali ne kaɗai inda mai ɗauke da bashi zai samu sauƙi.

Kotu ba ta yafe bashi, wannan a sani tun farko. Abin da take yi shi ne ta tantance nawa ne ainihin kuɗin, ta duba ko an yi aringizo, sannan tana da ikon raba maka biya kashi-kashi gwargwadon ƙarfinka. A kotun shari'ar Musulunci ma haka abin yake, domin aya ta 280 a Suratul Baƙara ta yi umarni da a jinkirta wa wanda ke cikin matsi har ya samu hali. Sai dai alƙali ba ya aiki da rantsuwar "wallahi ba ni da shi" kawai. Je ka da takardar yarjejeniya, da rasit ko saƙon waya na duk abin da ka taɓa biya, da shaidun da suka ga gonar da ruwa ya ci. Wanda ya ƙi zuwa, ana iya yanke masa hukunci a bayan idonsa, kuma warware irin wannan hukunci ya fi halartar zaman farko wuya nesa ba kusa ba.

Sai batun 'yan sanda, inda aka fi cutar talaka. Sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana a kama mutum don kawai ya saɓa yarjejeniya, sashe na 36 kuma ya hana a kama wani a madadin wani. Ke nan ba a tsare mace saboda bashin mijinta, ba a tsare uba saboda na ɗansa. Wanda aka yi wa haka yana iya kai ƙara Babbar Kotu, kuma sashe na 35 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya ba shi damar neman diyya da ban haƙuri a bainar jama'a. Amma idan da yaudara aka karɓi kuɗin, magana ta zama ta laifi.

Banki kuwa yana da nasa makamin. Tun ranar 1 ga Agusta, 2020, Babban Bankin Najeriya ya ba bankuna damar bin lambar BVN su ciri kuɗi daga asusun mai bashi ko a wane banki yake, matuƙar ya sa hannu a kan haka lokacin karɓar rance. Uwar kuɗi da ruwan da ya hau kansu kawai ƙa'idar ta yarda a cira, ban da tara. Idan an zarce, a fara kai kuka bankin a rubuce, sannan Babban Banki, sannan kotu.

Masu ba da rance ta manhajar waya da ke tura wa dangi da surukai saƙon tozarci su ma ba su fi ƙarfin doka ba: a 2021 hukumar NITDA ta ci kamfanin Soko Loan tarar naira miliyan 10 kan keta sirrin abokan hulɗarsa. Kada ka goge irin waɗannan saƙonni, hujja ne.

Ƙwace kaya kuma aikin ma'aikacin kotu ne bayan hukunci, da takarda a hannu. Duk wanda ya zo ya ja maka babur ko ya kwance akuya ba tare da ita ba, ka nemi shaidu, ka kai ƙara. Idan sammaci ya iso ƙofarka, karɓe shi, ka duba ranar da aka sa, ka halarta.