Hasken Rana da Sa Ido kan Gulbin Rima

Duk wanda ya ratsa Rara, Wurno ko Goronyo a 'yan shekarun nan ya ga yadda faifan sola ya zama ɗan gida: yana cajin waya, yana ɗago ruwan burtsatse, yana haskaka masallaci. Sai dai akwai aikin da ya kamata mu ɗora masa, wato auna ruwan sama da na gulbi.

A watan Satumba na 2010, ambaliya ta cinye gonaki da gidaje a kwarin Rima, har ta yanke hanyar shiga mazaunin dindindin na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo. A 2018 kuwa, madatsar Goronyo, mai ɗaukar kyubik mita miliyan 942, ta ƙafe har ruwanta ya koma kusan kashi 10 cikin 100. Ambaliya da ƙafewa duka suna aiko da alamu tun daga nesa, domin Rima daga Gagare, Bunsuru da Gulbin Maraɗi take samun ruwa. Kafin ruwan da aka tafka a can ya iso fadamar Wurno, akwai tazarar da manomi zai kwashe abin da ya samu, muddin labari ya riga ruwan isowa.

Tashar awo ta zamani ba ta jiran wutar gwamnati. Ƙaramin faifai da batir sun isa su riƙe ma'aunin ruwan sama, na zafi, da na tsayin gulbi dare da rana, layin waya kuma ya aika da alƙaluman kai tsaye ga masana. Ƙalubalenta sananne ne: ƙurar hunturu tana dushe faifai, zafin bazara yana rage kwanan batir, ga ɓarayi, ga rashin tsaron da ya addabi gabashin Sakkwato. Shi ya sa ya fi dacewa a kafa ta a harabar makaranta, ɗalibai su riƙa sharewa suna karanta awon, mai gari yana sane.

Muna da Cibiyar Binciken Makamashi ta Sakkwato tun 1982, ga Hukumar Raya Kogunan Sakkwato da Rima, ga NiMet. Abin da ya rage shi ne su haɗa hannu, sakamakon kuma ya isa ga manomi da Hausa, ta rediyo da waya. Awon da ya tsaya a kwamfutar ofis bai tsirar da ko dami ɗaya na shinkafa ba.