Idan Miji Ya Rasu Ana Tsakiyar Ɗaukaka Ƙarar Saki

A bara wata 'yar'uwata ta kai ƙarar mijinta kotun Shari'a saboda ya daina ciyar da ita. Alƙali ya raba auren ta hanyar hul'i, ya umarce ta ta mayar da sadaki. Ita kuwa ta ce ba hul'i ta nema ba, don haka ta ɗaukaka ƙara. Mako shida bayan hukuncin, tana cikin idda, Allah Ya yi wa mijin rasuwa. Ranar sadakar bakwai wani ƙanin mamacin ya gaya mini cewa shari'a ta mutu tare da mai ita.

Na fahimci inda maganarsa ta samo tushe. A dokar da muka gada daga Ingila, ƙarar da ta rataya ga mutum shi kaɗai tana faɗuwa da mutuwarsa, kuma babu wanda zai nemi a raba auren da mutuwa ta riga ta raba. Dokar shari'o'in aure ta 1970, wadda ke kula da auren rajista, ta tanadi cewa hukuncin farko na raba aure ba ya zama na ƙarshe idan ɗaya daga cikin ma'auratan ya rasu kafin wa'adinsa ya cika. A can, matar mamaci ce kawai.

Lamarin 'yar'uwata daban ne, domin hukuncin kotun ƙasa yana nan daram har sai wata kotu ta sama ta rushe shi. A mazhabar Malikiyya hul'i saki ne ba'ini, babu gado tsakaninsu ko da yana cikin idda ya rasu. Amma sakin da alƙali ya yi saboda rashin ciyarwa na kome ne. Da da wannan aka raba su, to sai ta bar iddar saki ta shiga takaba ta wata 4 da kwana 10, ta kuma gaji tumuni, tunda akwai 'ya'ya. Wato abin da jiya yake rigima kan sadaki, yau ya koma rigima kan gida da gona. Duk kotun da ta kori irin wannan ƙara da hujjar cewa wanda ake ƙara ya kwanta dama, ta yanke hukuncin gado ke nan ba tare da ta saurari kowa ba.

A ganina, wajibi ne a shigar da magada a madadin mamacin a ci gaba da sauraro. Sashe na 277 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya bai wa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a hurumi kan rabuwar aure da kuma gado, saboda haka ba batun rashin iko ba ne. Sannan a ware kason matar a ajiye kafin a raba saura, domin gonar da aka sayar ba ta dawowa da sauƙi.

Akwai kuma abin da ba ya jiran ranar zaman kotu, wato takaba. 'Yar'uwata ta tambayi malamai biyu, ɗaya ya ce ta shiga, ɗaya ya ce babu takaba a kanta. Ta zaɓi ta shiga, ta kuma fita, alhali har yau ba a sa ranar sauraron ƙararta ba.