Baƙi, Ja, Rawaya da Kore: Aikin Launi a Littattafan Sakkwato

Wanda duk ya taɓa buɗe Alƙur'ani rubutun hannu irin na ƙasar Hausa ya san ba da tawada ɗaya ake rubuta shi ba. Haruffan baƙaƙe ne, masu kauri, a tsattsaye. Wasullan kuwa ja ne, da na bisa da na ƙasa da rufu'a. Jefi-jefi a cikin layi sai a ci karo da wani ɗigo mai ruwan ɗorawa, girmansa kamar ƙwayar dawa: wannan hamza ce wadda dole a furta ta. Wani ɗigon kuma kore ne, a jikin alif, yana shaida wa mai karatu cewa in ya sadar da kalmar da wadda ta gabace ta, to ya tsallake alif ɗin. Launuka huɗu a shafi guda, kowanne da aikin da aka ɗora masa.

A Sakkwato ba sai an yi nisa ba kafin a ga irin waɗannan shafuka. Akwai su a Hukumar Tarihi da Al'adu ta Waziri Junaidu, akwai su a gidajen malamai na tsoffin unguwanni irin su Gidaɗawa, inda shi marigayi Waziri Junaidu, wanda ya rasu a 1997, ya bar ɗimbin rubuce-rubucen da ya gada da waɗanda ya tara. Akwai su kuma a cikin gafakar alarammomi da yawa waɗanda ba wanda ya taɓa ƙidaya abin da ke hannunsu.

Tsarin ya girmi birnin da ƙarni masu yawa. Tarihi ya nuna cewa Abul Aswad Addu'ali, mutumin Basra, shi ya fara sa ɗigogi masu launi dabam da na haruffa don nuna wasulla, tun a ƙarni na farko na Musulunci. Abu Amru Addani, malamin Andalus da ya rasu a 1053, ya rubuta cewa mutanen Madina ja suke sa wa wasulla, rawaya kuma ga hamza, sannan a ƙasarsu ta Andalus ana ƙara kore ga alif ɗin sadarwa. Wannan al'ada ce ta ratso Magrib, ta ƙetaro Sahara tare da ruwayar Warshu da mazhabar Malikiyya. Ƙasashen gabas sun daɗe da barin ta. A Borno da Kano da Sakkwato kuwa har gobe akwai masu rubutu da ita.

Ita kanta tawadar ilimi ce mai zaman kanta. Ta allo, wadda ake ce wa zuge, gawayi ne ake niƙawa a haɗa da ƙaro, don ana so ta wanku da zarar yaro ya riƙe karatunsa. Ta takarda, wato yambari, 'ya'yan bagaruwa ake jiƙawa tare da kashin maƙera, ita ba ta wankuwa, sai dai in ta tsufa ta kan koma ƙasa-ƙasa, wani lokaci ma ƙarfen da ke cikinta ya cinye takardar. Ja ana samunsa daga jar ƙasa ko karan dafi. Rawaya ta asali wani ma'adini ne da Larabawa ke kira zarnik, wanda fatake ke kawowa, kuma guba ne. A yau yawancin marubuta garura suke saya a kasuwa, launin ya fi ɗaukar ido amma bai kai na da ƙarko ba. Takardar ma baƙuwa ce: mafi yawan ta ƙarni na 19 daga Italiya ta fito, ta biyo ta Tarabulus ko Masar, in aka ɗaga ta a rana sai a ga jinjirin wata guda uku a jikinta.

Marubuci yakan fara gama baƙin tukuna, sannan ya dawo da wani alƙalamin ya bi shafi-shafi yana sa wasulla, ya sake dawowa don ɗigogin rawaya da kore, daga ƙarshe a yi zayyanar da ke nuna sumuni da rubu'i da izu da wuraren sujada. Izu sittin ke nan ana bin su sawu bayan sawu. Wanda ya san wannan ba zai yi ƙorafin kuɗin da alaramma ya yanka wa Alƙur'aninsa ba.

Malaman jihadi ma da jar tawada suka tsara littattafansu. A kwafe-kwafen ayyukan Shehu Usmanu ɗan Fodiyo da ƙanensa Abdullahi da ɗansa Muhammadu Bello, kalmomin babi da fasali galibi ja ne, don a wancan rubutu babu sakin layi, babu jadawalin abin da ke ciki. Mai neman wata mas'ala jan yake bi da ido. In littafin sharhi ne, akan rubuta matanin da ja, bayanin mai sharhi da baƙi, don kada maganar marubucin farko ta cakuɗe da ta na biyu. Waƙoƙin ajami irin na Nana Asma'u ba su karantuwa sosai sai da wasulla, su ma jan ake sa musu.

Daga waje ma ja ne. Takardun ba a ɗinke suke ba, a sake ake tara su tsakanin tadarishi, a ɗaure, a saka a gafaka, kuma duka biyun fatar jar akuyar Sakkwato ce da majema suka jeme da bagaruwa, aka rina da karan dafi. Fatar nan ta daɗe tana ƙetara Sahara tana isa Turai da sunan fatar Maroko, daga baya masu ɗinka littafi a Ingila suka riƙa nemanta da sunan fatar Neja saboda ƙarkonta.

Da injin ɗab'i ya shigo, sai wani launi ya mamaye zaure. Daga ƙarshen ƙarni na 19 maɗaba'o'in Alƙahira, musamman ta gidan Babil Halabi, suka riƙa buga littattafan fiƙihu da nahawu da tafsiri a kan takarda rawaya mai araha, alhazai da 'yan kasuwa suna shigo da su. Risala da sharhinta Samaruddani, Muhtasar da Jawahirul Iklili, Jalalaini, da Asshifa da ake karantawa cikin azumi, duk a wannan takarda dattawan yau suka san su. Har da aikin ɗan gida: As'halul Madariki na Abubakar ɗan Hasan Bakatsine, sharhin Askari, a Alƙahira aka buga shi. Shafin a cike yake maƙil, rubutu a tsakiya cikin zane, wani rubutun yana zagaye da shi a gefe. Da yawansu ba a ɗinke suke zuwa ba, abin da ya yi wa ɗalibi daɗi, don zai zare 'yan waraƙun da zai ɗauki karatu a kansu ya bar sauran a gida. Larabawa na ce musu littattafan rawaya, wasu da girmamawa, wasu da gatse. A Indunusiya ma da launin ake kiran littattafan makarantun zaure baki ɗaya. Yanzu bugun Bairut mai farar takarda da bango mai ruwan zinari ya fi yawa a gaban masu sayar da littattafai na kusa da Masallacin Shehu da na Sarkin Musulmi Bello, amma akwai malaman da har yanzu suke cewa rawayar ta fi sauƙi ga ido.

Sabon baƙo a wannan layi shi ne mushafin tajwidi mai launi, wanda maɗaba'ar Darul Ma'arifa ta Dimashƙa ta fito da shi a shekarun 1990. Ya samu kasuwa a Islamiyyu, musamman ga masu shirin musabaƙa, gasar da Cibiyar Nazarin Addinin Musulunci ta Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ta fara shiryawa a matakin ƙasa a 1986. A cikinsa ja na nuna madda, kore na nuna gunna, toka-toka harafin da ba a furtawa, shuɗi kuma ƙalƙala da kaurarawa. Yaron da ya taso daga makarantar allo ya koma Islamiyya sai ya sake koyon ma'anar ja da kore daga farko, sai dai akwai ɗan jadawalin launukan a ƙasan kowane shafi.

'Yan boko su ma suna da nasu launin. Wanda ya yi sakandare a shekarun 1970 da 1980 ba zai manta da ƙananan littattafan nan masu bango ruwan lemo ba, jerin marubutan Afirka na kamfanin Heinemann da aka fara a 1962, Chinua Achebe yana editansa har zuwa 1972. Littafinsa Things Fall Apart ne na ɗaya, na biyu kuma Burning Grass na Cyprian Ekwensi, labarin Fulani makiyaya a Arewa. Ruwan lemo na ƙagaggun labarai ne, kore na waƙa da wasan kwaikwayo, shuɗi na tarihi da siyasa. Dabarar aro ce daga kamfanin Penguin na Ingila, wanda tun 1935 yake rarrabe littattafansa da launin bango. 

Inda abin ya yi rauni shi ne littafin yaro na Hausa. Yaron Sakkwato yakan riƙe allon zayyana mai ja da kore da rawaya ranar saukarsa, amma littafin labari mai hotuna masu launi a harshensa da wuya ya samu. Dalilin kuɗi ne: bugun baƙi faranti ɗaya yake buƙata, cikakken launi kuwa huɗu, ga takarda mai kauri da ake shigo da ita daga waje. Shi ya sa littattafan soyayya na Kano suke zuba duk launin a bango, ciki ya zama baƙi da fari. Shirin Mu Karanta, wanda aka gudanar a firamaren jihohin Sakkwato da Bauci da tallafin Amurka, ya kai littattafan koyon karatun Hausa azuzuwa na 1 zuwa 3, akwai kuma labaran Hausa masu hotuna kyauta a intanet a rumbun African Storybook. Amma na farko kayan makaranta ne da ba a sayarwa a shago, na biyu kuma sai mai babbar waya da kuɗin data. Uban da ya shiga Babbar Kasuwar Sakkwato yana neman littafin yara mai launi zai fi saurin samun na Turanci ko na Larabci.