Gahawa mai daɗi ba ta buƙatar tulin sukari

Idan sanyin hunturu ya sauka, gidaje da yawa suna karya kumallo da gahawa, wadda wasu ke kira kafe. Amma sau da yawa ana yin ta da ɗaci kamar maɗaci. Sai a yi ta zuba mata sukari, cokali huɗu ko biyar, don a iya haɗiye ta. Kuɗin sukari yana cinye aljihu. Yawan sukari kuma yana ɓata haƙora, yana wahalar da mai ciwon sukari. Mafi yawan ɗacin nan daga hannun mai dafawa yake fitowa, kuma yana da magani.

Ba a noman gahawa a Nijar, domin tana son ruwan sama mai yawa da inuwa. Asalinta daga ƙasar Habasha ne. Iri biyu aka fi sani: arabika da robusta. Robusta ce ake nomawa a Kodibuwa. Ta fi arabika ɗaci da ƙarfi, don haka tana son a lallaɓa ta.

Aiki na farko shi ne zaɓen ƙwaya. A zuba ta a faifai a tsince tsakuwa. Duk ƙwayar da ta yi baƙi ko ta yi funfuna, a zubar da ita.

Na biyu shi ne suya. A ɗora busasshen kasko a kan garwashi marar yawa, ba tare da mai ba. A riƙa juyawa ba tsayawa, kamar minti 10 zuwa 15. Za ku ji ƙwayar tana fashewa ƙas-ƙas, ƙamshi ya tashi. Idan ta yi launin dabino, a sauke, a baza ta a faifai ta huce. Wadda ta yi baƙi ƙirin ta ƙone, kuma ƙonanniyar gahawa ba ta da gyara.

Na uku shi ne daka. A sami ƙaramin turmi a ware mata shi, domin gahawa tana ɗaukar warin daddawa da yaji. A daka ta ranar kaɗai. Kada ta yi laushi kamar garin tuwo, ta tsaya kamar tsaki mai ƙanana. Sauran ƙwayar a rufe ta a gwangwani, nesa da rana da laima da kananzir.

Na huɗu shi ne ruwa, kuma nan aka fi yin kuskure. A nemi ruwa mai tsabta, marar kanwa. A tafasa shi shi kaɗai. Idan ya tafasa, a sauke, a ƙidaya daga 1 zuwa 30. Sannan a zuba garin gahawa: cokalin miya 2 ga kowane kofi guda. A rufe, a jira minti 4, a tace da tsabtataccen ƙyalle. Barin gahawa tana tafasa a kan wuta shi ke fito da ɗaci. Maimaita ɗumama ta kwana ma haka ne. Mai son ƙarin ƙamshi ya sa ƴar citta ko kanumfari guda 2.

Mai amfani da garin gwangwani, wanda ke narkewa nan take, shi ma kada ya dafa shi a kan wuta. Ya ɗiba da busasshen cokali, ya rufe gwangwanin da kyau.

Akwai gargaɗi game da lafiya. Gahawa tana da wani sinadari mai suna kafeyin, wanda ke hana barci, yana kuma daɗewa a jiki awa da yawa. Saboda haka kada a sha ta bayan la'asar. Mace mai ciki kada ta wuce ƙaramin kofi 2 a yini. Kada a ba ƙananan yara. Mai ƙarancin jini kada ya sha ta tare da abinci ko jim kaɗan bayansa, domin gahawa tana rage wa jiki amfanin sinadarin ƙarfe da ke ƙara jini. Mai hawan jini ya nemi shawarar likita.

Ku gwada wannan hanya mako guda, kuna rage sukari kaɗan-kaɗan. A ƙarshen wata ku lissafa kuɗin da ya saura a hannunku. Mai haƙuri shi kan dafa dutse ya sha romonsa.